Mai Ji da Mai Sa a Ji: Fashin Baƙi kan Siffofin Ingilishi Masu Ƙarewa da -ed da -ing

Wata rana ina tsakiyar bayani a aji sai wani ɗalibi da ke zaune can baya ya ɗaga hannu, ya miƙe cikin ladabi, ya ce da ni: "Sir, I am confusing." Tun kafin ya rufe baki na gane abin da yake nufi, domin fuskarsa ta riga ta faɗa, wato bayanin ya ɗaure masa kai, yana son a sake. Sai dai abin da jimlarsa ta faɗa a Ingilishi daban ne. Cewa ya yi shi mutum ne mai rikitarwa, wanda ke ɗaure wa wasu kai. Da ya ce "I am confused," da ya isar da saƙonsa daidai. Babu wanda ya yi masa dariya a ajin, kuma wannan ne ya fi ɗaukar hankalina, domin shirun ya nuna mini cewa yawancin 'yan ajin ba su ji wani abu ya karkace ba.

Irin wannan kuskure yana da wuyar kamawa saboda jimlar da aka yi kuskuren a cikinta lafiyayyiya ce a nahawu. Wanda ya rubuta "I am boring" bai karya wata doka ba, kuma manhajar gyaran rubutu da ke kwamfuta ba lalle ta ja masa jan layi ba, tunda kowace kalma tana mazauninta. Illa dai ya zargi kansa da gundurar mutane, alhali so yake ya ce shi ne aka gundura. Haka mai neman gurbin karatu da ya buɗe wasiƙarsa da "I am very interesting in this course," yana ganin ya nuna sha'awarsa ga kwas ɗin, mai karantawa kuwa abin da ya fara cin karo da shi shi ne mutum yana yabon kansa da cewa shi abin sha'awa ne ƙwarai.

Ƙa'idar da ake fara koyarwa gajeriya ce: siffar da ta ƙare da *-ed* tana bayyana halin da mai ji yake ciki, wadda ta ƙare da *-ing* kuma tana bayyana abin da ya jawo wannan halin. Mai jin Hausa yana da wannan rabe-raben a bakinsa tun yana yaro, ko da bai taɓa lura ba, domin Hausa ta raba lamarin tsakanin aikatau biyu, wato *ji* da *ba*. Mukan ce yaro yana jin tsoro, amma daji yana da ban tsoro. Mukan ce na ji haushi, amma maganar tana da ban haushi. Haka abin ban mamaki, abin ban dariya, abin ban takaici, abin ban kunya, abin ban sha'awa, duk *ban* ɗin nan daga bayarwa ya fito: abin yana ba da tsoro, yana ba da mamaki. To, *frightening* shi ne mai ban tsoro, *frightened* kuma shi ne wanda ke jin tsoron. *Surprising* mai ban mamaki ne, *surprised* wanda mamaki ya kama. *Annoying* mai ban haushi ne, *annoyed* wanda ya ji haushin. Inda babu *ban*, Hausa takan yi amfani da *-arwa*: aiki mai gajiyarwa shi ne *tiring work*, amsa mai gamsarwa ita ce *a satisfying answer*, yayin da wanda ya gaji yake *tired*, wanda ya gamsu kuma *satisfied*. Har ma akwai siffofin Hausa da suka yi kama da *-ed* a gininsu, irin su gajiyayye da firgitacce da ruɗaɗɗe, da kuma kalaman yanayi irin su a gajiye, a firgice, a ruɗe.

Idan har Hausa ta bambanta su haka sarai, me ya sa ɗalibi Bahaushe yake faɗawa ramin? A ganina babban dalili shi ne kalmar *ina*. Tun a darasin farko an koya masa cewa "ina tafiya" ita ce "I am going," "ina karatu" ita ce "I am reading," har kunnensa ya saba da cewa duk inda *ina* ta fito, *I am* da *-ing* ne ke biye. Ranar da ya so faɗin "ina sha'awar wannan kwas," sai hannunsa ya bi hanyar da ya saba, ya rubuta "I am interesting." Ranar da ya so faɗin "ina cikin ruɗani," sai "I am confusing" ta fito. A Hausa mai jin abu shi ne yakan zo a matsayin aikau, wato mai yin aikin a jimla, shi ke ji, shi ke yin mamaki, shi ke yin sha'awa, don haka yana ganin kansa mai aikatawa ne. Ingilishi kuwa, a wannan rukunin kalmomi, kallon wanda aka yi wa aiki yake yi masa.

Kafin mu kai ga wannan, akwai wata gajeriyar hanya da malamai da yawa ke ba ɗalibai, wadda nake ganin cutarwarta ta kusa kai amfaninta. Sukan ce *-ed* na mutane ne, *-ing* na abubuwa ne. Maganar tana aiki a jimloli da dama, tunda littafi ko hanya ko darasi ba su da zuciyar da za su ji wani abu, saboda haka ba a cewa "the book is interested." Amma ɗaya ɓangaren maganar ba gaskiya ba ne, domin mutum yana iya zama mai ji, yana kuma iya zama sanadin jin wani. "The teacher is bored" da "The teacher is boring" duka daidai ne: a ta farko malamin ne ya ƙosa, a ta biyu shi ne ya ishi ɗalibansa. Sau da yawa ma duka biyun kan haɗu a kan mutum ɗaya a lokaci ɗaya, domin malamin da ya ƙosa da darasinsa da wuya ya kasa gundurar masu sauraronsa. Ɗalibin da aka ɗora a kan "mutane da abubuwa" zai ga "She is amusing" ko "He is a very annoying neighbour" ya ɗauka an yi kuskure, ya gyara abin da ba ya buƙatar gyara. Sannan dabbobi ba mutane ba ne, amma *a frightened horse* doki ne da ya firgita, *a frightening dog* kuma kare ne mai firgitarwa. Tambayar da ya kamata a yi ita ce: wannan da nake siffantawa, shi ke ji, ko shi ke sa a ji?

Ko wannan tambayar ma reshe ce. Tushen yana cikin aikatau, domin kowace tagwayen siffa irin waɗannan daga aikatau guda suka tsiro. *Boring* da *bored* daga *bore* suke, *exciting* da *excited* daga *excite*, *disappointing* da *disappointed* daga *disappoint*. A duba yadda aikatau ɗin ke aiki a jimla kamar "The noise frightened the child." Ƙarar ita ce aikau, ita ta yi aikin, yaron kuma shi ne karɓau, a kansa aikin ya faɗa. Ɗafa-ƙeyar *-ing*, wato ɗan guntun da ake liƙawa a ƙarshen kalma, tana siffanta mai yin aiki, *-ed* kuma tana siffanta wanda aka yi wa aiki. Saboda haka ƙarar ta zama *frightening*, yaron ya zama *frightened*. Hausa tana da misalin da ya yi daidai da wannan a kalma guda: "kare ya tsorata yaro" da "yaro ya tsorata" rubutunsu ɗaya ne, karin sauti ne ya raba su, kuma babu Bahaushen da zai rikita wanda ya tsoratar da wanda ya tsorata. Wanda ya yi karatun nahawun Larabci zai gane abin nan take, domin ismul fa'ili da ismul maf'uli ke nan. Daga aikatau *at'aba*, wato ya gajiyar, ake samun *mut'ib*, mai gajiyarwa, da *mut'ab*, wanda aka gajiyar, kuma bambancinsu bai wuce kisira da fataha ba. Faransanci yana da *fatigant* da *fatigué* a kan wannan tsarin. Sifaniyanci kuwa wani lokaci yakan bar siffar yadda take ya canza aikatau ɗin da ke gabanta, inda *es aburrido* ke nufin mai gundurarwa ne, *está aburrido* kuma ya gundura.

Amfanin komawa ga aikatau yana bayyana ne idan aka zo ga kalmomin da ke juya ƙa'idar farko baibai. Ba dukkan aikatau na motsin zuciya ne ke ajiye mai ji a matsayin karɓau ba. A gwada "The dog frightens the child" da "The child fears the dog." Labarin ɗaya ne, yaro ne ke jin tsoro a duka biyun, amma a jimlar farko yaron karɓau ne, a ta biyu kuma aikau. Masana nahawu sun daɗe suna tattauna wannan, kuma muƙalar da Adriana Belletti da Luigi Rizzi suka wallafa a 1988 a kan aikatau irin waɗannan a Italiyanci tana cikin ayyukan da aka fi ambata a fagen. Abin da ya shafi ɗalibi a ciki shi ne cewa *fear*, *love*, *hate*, *admire*, *trust* da *respect* suna sa mai ji a gaba a matsayin aikau, don haka siffofinsu suna tafiya akasin na *frighten*. *A loving mother* uwa ce mai ƙauna, ita ke jin ƙaunar, ga shi kuwa siffar da *-ing* ta ƙare. *A feared ruler* mai mulki ne da ake tsoro, shi ne sanadin tsoron, ga shi kuwa siffar da *-ed* ta ƙare. *A trusting child* yaro ne mai saurin yarda da mutane, *a trusted friend* kuma aboki ne da aka amince da shi. Wanda ya haddace cewa *-ed* ta mai ji ce kawai zai karanta *a feared ruler* ya zaci matsoracin sarki ake nufi. Wanda ya riƙe cewa *-ed* ta wanda aka yi wa aiki ce ba zai ruɗe ba, domin *frightened* wanda aka tsoratar ne, *feared* kuma wanda aka ji tsoronsa, kowanne dai karɓau ne na aikatau ɗinsa.

Ingilishi kansa bai tsaya wuri ɗaya a kan wannan rabon ba. A tsohon Ingilishi kakan kalmar *like* yana nufin faranta rai ne, abin da ake so shi ke zuwa a matsayin aikau, kamar yadda *please* take yi a yau, daga baya ne kalmar ta juya ta koma rukunin *love*. Ita ma *-ing* ta siffa ba da wannan kamar ta faro ba, domin tsohon Ingilishi *-ende* yake amfani da ita, sai a zamanin Ingilishi na tsakiya, wajen 1100 zuwa 1500, ta narke cikin *-ing* ta sunayen aiki, yayin da Jamusanci ya riƙe tasa *-end* har yau. Asalin wasu kalmomin ma yana nuna dalilin da ya sa harshen yake ɗaukar mai ji a matsayin wanda aka afka wa: *worry* a da shaƙewa take nufi, *astonish* kuma ana danganta asalinta da kalmar Latin ta tsawa. Bahaushe da ke cewa tsoro ya kama shi, mamaki ya rufe shi, abu ya dame shi, bai yi nisa da wannan tunanin ba.

Akwai wurin da *-ed* ke hawa kan abin da ba shi da rai, kuma daidai ne. Ana cewa *a worried look*, *a puzzled expression*, *an excited voice*, *a disappointed sigh*. Kallo ba ya damuwa, murya ba ta zumuɗi, amma su ne tagogin da halin mai su ke leƙowa ta ciki, sai siffar ta tashi daga mutumin ta sauka a kansu. A nan ma canza ɗafa-ƙeya yana canza labari. Idan likita ya duba sakamakon gwaji ya ɗago da *a worried look*, shi ne ya damu, damuwar ta fito a fuskarsa. Idan kuwa aka ce ya yi wa majinyaci *a worrying look*, to kallon ne ya jefa majinyacin cikin damuwa, ko likitan ya damu ko bai damu ba. Haka *an embarrassed silence* shiru ne na mutanen da kunya ta kama, *an embarrassing silence* kuma shiru ne da shi kansa yake sa a ji nauyi. Marubucin da ya iya harshen yakan zaɓi ɗaya da gangan, gwargwadon inda yake son mai karatu ya sa ido.

Daga nan sai kalmomin da tagwayensu ba su bi sahu ba, kuma waɗannan babu makawa sai an san su ɗaya bayan ɗaya. Abokin *scared* a maganar yau da kullum *scary* ne, ba a cewa "a scaring film." Abokin *stressed* shi ne *stressful*, na *delighted* shi ne *delightful*, na *impressed* shi ne *impressive*, na *offended* shi ne *offensive*, na *attracted* shi ne *attractive*. *Upset* ba ta ɗaukar *-ed* ko kaɗan, mutum yana *upset*, labari kuma *upsetting*. *Ashamed* ba ta da 'yar uwa mai *-ing* da aka gina a kanta, abin kunya *shameful* ne. Wasu kuma suna da siffa ta uku da ma'anarta ta ɗan zame: tafiya *tiring* tana gajiyar da jiki, amma mutum *tiresome* haƙurinka yake ƙurewa. *Terrifying* tana nan a kan razanarwa, alhali *terrible* ta koma nufin mummuna ƙwarai, *terrific* kuma, abin mamaki, ta tsallaka ta zama yabo. Sai *interested*, wadda ke da kishiyoyi biyu da ake yawan cakuɗawa. *Uninterested* shi ne wanda abin bai ba shi sha'awa ba, *disinterested* kuma a rubutu na tsanaki shi ne wanda ba shi da wata riba ko ɓangare a lamarin, irin halin da ake so ga alƙali. Turawa da yawa suna amfani da ta biyun a ma'anar ta farko a hira, amma mai rubuta takardar aiki gara ya raba su.

Siffofin *-ed* suna tafe da wani nauyi da na *-ing* ba su cika ɗauka ba, wato ƙananan kalmomin da ke haɗa su da sanadin jin. Da a ce aikatau ne zalla, da *by* ta wadatar a ko'ina, kamar a "He was frightened by the noise." Amma da yake sun zama siffofi, kowacce ta zaɓi abokiyar tafiyarta: *interested in*, *worried about*, *excited about*, *pleased with*, *satisfied with*, *surprised at* ko *by*, *ashamed of*. Wani lokaci canza ƙaramar kalmar yana canza ma'ana. "I am tired from walking" gajiyar jiki ce da tafiya ta jawo, "I am tired of walking" kuwa ƙosawa ce, tafiyar ta ishe ni. Hausa ma tana da wannan, domin "na gaji" daban take da "na gaji da kai." Haka "She was frightened by a dog" yakan nuna wani karo guda da kare ya firgita ta, "She is frightened of dogs" kuma hali ne da take da shi kullum. Ana cewa *annoyed with* mutum, amma *annoyed about* ko *at* wani abu. *Bored with* da *bored by* su ne aka daɗe ana karɓa, *bored of* kuma ta yaɗu a bakin masu harshen, ko da yake wasu editoci har yanzu suna ɗaga mata gira. Shawarata a nan ita ce kada a haddace siffar ita kaɗai, a haddace ta tare da abokiyarta da ɗan guntun jimla, yadda *interested in history* za ta zauna a kai a matsayin dunƙule ɗaya. Wannan dabarar tana maganin kuskuren wasiƙar nan ta neman gurbi, domin kunnen da ya saba da *interested in* zai ji tuntuɓe da zarar *interesting in* ta fito.

Furuci ma yana da hannu a lamarin, kuma ba a cika ba shi muhimmancin da ya kamata ba. Ɗafa-ƙeyar *-ing* gaɓa ce cikakkiya, ana jin ta ko a cikin hayaniya. Ita kuwa *-ed* fuska uku gare ta. Bayan sautin *t* ko *d* takan zama gaɓa mai zaman kanta, kamar a *excited*, *disappointed* da *exhausted*. Bayan baƙi maras ziza, wato wanda maƙogwaro ba ya kaɗawa wajen furta shi, takan koma *t* kawai, kamar a *shocked*, *depressed* da *embarrassed*. Bayan wasali ko baƙi mai ziza takan zama *d*, kamar a *annoyed*, *amazed* da *confused*. Ke nan *shocked* gaɓa ɗaya ce, ba "shoked" mai gaɓa biyu ba, *relaxed* kuma tana ƙarewa da baƙaƙe uku a jere, *k* da *s* da *t*, ba wasali a tsakani. Kalmomin Hausa mafi yawa da wasali suke ƙarewa, kuma harshen ba ya tara baƙaƙe a ƙarshen kalma, saboda haka kunnen Bahaushe yakan tsallake wannan ɗan sautin na ƙarshe, bakinsa ma ya yar da shi. Daga nan ake samun "I am confuse" da "I was shock," waɗanda kan bi mutum har cikin rubutunsa. Wani abin lura kuma shi ne cewa *bored* furucinta ɗaya da *board*, kuma a karin harshen kudancin Ingila ba a jin *r* a cikinta, alhali a *boring* ana jin ta sarai. Ɗalibi yana jin *boring* da kyau kullum, *bored* kuwa tana wuce shi kamar wata kalma daban, don haka ba abin mamaki ba ne ya riƙe wadda ya fi ji ya yi ta aiki da ita a ko'ina.

Wani ruɗanin kuma shi ne rarrabe siffa da aikatau, tunda kamarsu ɗaya. "He is boring" siffa ce, tana faɗin halinsa. "He is boring the guests" aikatau ne, yana da karɓau, yana faɗin abin da yake yi yanzu. Gwajin da ya fi sauƙi shi ne a saka *very*, ko a musanya *is* da *seems*: "He seems very boring" ta zauna daidai, "He is very boring the guests" kuwa ta rushe. Wannan gwajin yana kuma nuna cewa *feared* da *loved* ba su gama zama siffofi kamar *tired* ba, domin *much loved* da *much feared* ake cewa. Wajen kwatantawa *more* da *most* ake amfani da su, *more boring*, *the most exciting*, ba a cika liƙa musu *-er* ko *-est* ba. Sannan wasu siffofin sun riga sun kai maƙura a ma'anarsu, irin su *exhausted*, *terrified* da *astonished*, saboda haka *absolutely* ko *completely* suka fi dacewa da su, *very* kuma ta zauna da *tired*, *frightened* da *surprised*. Kamar dai yadda ba a cewa mutum ya ɗan gaji tilis.

Ya kamata a ware wasu tagwayen da suka yi kama da waɗannan amma ba na motsin zuciya ba ne. *Boiling water* ruwa ne da ke kan tafasa, *boiled water* tafasasshe ne, ko da ya huce. *Developing countries* ƙasashe ne masu tasowa, *developed countries* waɗanda suka ci gaba. A nan bambancin na aikin da ke gudana ne da wanda ya kammala, babu maganar mai ji da mai sa a ji.

A aikace, jimlolin da ke farawa da *it* suna ɗaukar *-ing*, domin *it* tana tsaye ne a madadin sanadin: "It is surprising that he came," "It was disappointing to lose." Idan mai magana ya sa kansa a gaba, sai *-ed*: "I am surprised that he came," "We were disappointed to lose." Akwai gini na uku da ke yawan kayar da ɗalibai, wato "I find it confusing." Jimlar da *I* ta fara, amma siffar ba ni take siffantawa ba, *it* take siffantawa, don haka *-ing* ce daidai. Haka aikatau *feel* ba ya tilasta *-ed* a ko'ina: "I feel relaxed" ni ne na sake, amma "The music feels relaxing" kiɗan ne ke sa a sake. Abin dubawa kullum shi ne sunan da siffar ta jingina da shi, ba kalmar da ta buɗe jimlar ba.

Idan aka ci karo da sabuwar kalma, a ce *overwhelm* ko *intrigue* ko *frustrate*, hanyar da nake bi da ɗalibai ita ce a fara gina jimla da aikatau ɗin kansa, mai aikau da karɓau, kafin a taɓa siffofinsa. A rubuta "The delay frustrated the passengers," a ja layi ƙarƙashin jinkirin, a zagaye fasinjojin. Wanda aka ja wa layi shi ke karɓar *-ing*, wanda aka zagaye shi ke karɓar *-ed*, sai a fitar da "The delay was frustrating" da "The passengers were frustrated." Daga nan a buɗe ƙamus don abu biyu da hankali kaɗai ba zai ba da su ba: ko siffar sanadin tana da wata kama ta daban irin ta *scary* da *stressful*, da kuma ƙaramar kalmar da ke bin *-ed* ɗin, wadda a wajen *frustrated* takan zama *with*, *by* ko *at*.